Matar da Take Fasa Mana Aiki Kowace Safiya

Ƙarfe bakwai da rabi take shigowa. Ofishinmu ɗaki biyu ne a saman wani shagon gyaran waya, matakala goma sha bakwai, kuma da baki take ƙirga su saboda ciwon gwiwa. Ta ajiye fulas ɗin shayi a kan taga, ta maƙala tabarau, ta cusa takarda a ƙarƙashin ƙafar kujerarta da ke rawa. Daga nan sai ta buɗe manhajar da muka wuni jiya muna ginawa, ta lalata wani abu a ciki da gangan.

Aikinta ke nan. Shekara talatin da ɗaya ta yi a ofishin, goma sha tara daga ciki tana wannan ɓarna. Yau ta mayar da alamar tarawa ta ragewa, gobe ta goge layi guda. Duk abin da ta taɓa sai ta rubuta shi a wani littafi mai jan bango, don ta mayar da shi yadda yake. Sannan ta danna maɓalli a kwamfutar, ta juya ta kalli babban allon da ke bango.

Ga wanda bai san sana'armu ba: manhaja umarni ce da ake rubuta wa kwamfuta layi-layi. Gwaji kuma ƙaramar tambaya ce da kake yi wa manhajar alhali ka san amsar, kamar ka ce, yau Litinin, kwana uku nan gaba wace rana ce? Muna da irin waɗannan tambayoyi ɗaruruwa, da wata manhaja da ke bin su ɗaya bayan ɗaya. Mun sa mata suna Alƙali. In duk amsoshin sun yi daidai, Alƙali ya kunna kore a allon bango. In ɗaya ta kauce, ja.

To ita da safe masu gadin, wato gwaje-gwajen nan, take gwadawa, ba gidan ba. In ta yi ɓarna allo ya yi ja, sai ta ce, "Madalla, mai gadi idonsa biyu," ta gyara, ta zuba shayi. In kuwa allo ya tsaya a kore, za ka ji muryarta har shagon ƙasa.

"Wa ya rubuta wajen nan? Zo ka ga ɗanka. Na cire masa ƙafa yana ta dariya."

Shi ya sa ake ce mata Anti Fasau. Ba ta taɓa nuna ta ji haushin sunan ba. Har a jikin kofinta ta rubuta shi.

Da tafireta ta fara, tun zamanin mahaifin Oga, mai ofishin. Ranar da aka kwashe tafiretoci zuwa sito, abokan aikinta biyu suka tafi gida. Ita kuwa ta roƙi a ba ta manyan littattafan da suka zo tare da kwamfutocin, waɗanda aka riga aka mayar matashin allon kwamfuta. Ta karance su da ƙamus a gefe. Ta ce tafiretar ma sai da ta kwance ta, ta ƙirga ƙusoshinta, kafin ta yarda da ita. Ba ta da takardar shaida ko ɗaya a wannan fanni. Tana da magana guda da take maimaitawa har ta ishi kowa: gwajin da ba ta taɓa ganin jansa ba, ba ta yarda da korensa ba.

Labarin da ya sa na rubuta wannan ya faru shekara huɗu da suka wuce, kuma ina ciki, ba ta hanyar da zan so ba. A lokacin na dawo daga karatu a nesa, bayan shekara tara, da takardu biyu da fayil ɗin saituna, mai faɗa wa manhaja yadda za ta yi aiki, da na taho da shi. Oga ya ɗauke ni ya damƙa mini tsara yadda ake aiki. Mako na farko na ga dattijuwa tana lalata aikin mutane da hannu, na ce wa Oga a inda na fito ban ga ana haka ba. Aka hana ta. Aka ba ta rubuta littafin bayani ga masu amfani da manhaja. Abin da ta ce kawai shi ne, "To, Mai Digiri." Sunan ya bi ni har yau.

Na kuma yi shara a cikin fayilolinmu. Na kwashe gwaje-gwajen duka na zuba su a sabuwar jaka mai suna mai kyau. Na gyara allon bango ya daina nuna rubutu, launi kawai, don a gani daga ƙofa.

A watan ne Tela ya zo. Shekararsa talatin da takwas, ashirin daga ciki a kan keken ɗinki, har kayan kanti suka cinye masa kasuwa. A waya ya koyi farkon abin. Oga ya ba shi wata uku: in ya iya ya zauna, in bai iya ba ya koma kan keke. Abin da Oga bai sani ba, keken ne ya zama kwamfutar da ke cikin jakarsa. Ya sayar da shi. A gida kuma akwai mata da 'yan biyu masu rarrafe.

Mu da muke ganin mun iya ba mu da lokacinsa. Anti ce ta jawo kujera kusa da shi a lokacin hutun rana.

"Tela, kana yanka yadi kafin ka auna mutum?"

"Haba Anti, sai dai in mari nake nema."

"To me ya sa kake rubuta manhaja kafin ka rubuta gwaji? Awo tukuna. Ka rubuta tambayar, ka ga ta yi ja, sannan ka ɗinka abin da zai mayar da ita kore."

"In ga ja da gangan?"

"Da idonka. Wane irin mutum ya fi ba ka wahala a shago?"

"Mai tumbin da ya rantse shi siriri ne."

"Shi za ka fara gwadawa. Wanda ba shi da lambar waya. Wanda ya ba da lamba biyu. Wanda aka haifa ashirin da tara ga Fabrairu. Masu kyawun jiki kowa ya iya yi musu riga."

Ta sa shi ya riƙa gudanar da gwaje-gwajensa a kan tasa kwamfutar, ya karanta duk abin da ta fitar har layin ƙarshe. Ta ce launi na 'yan kallo ne. Ta koya masa wani kayan aiki da muke kira mai bin sawu, wanda ke tsayar da manhaja a kowane layi ka ga abin da take riƙe da shi. Yawancinmu mun san yana nan, kamar yadda aka san akwai abin kashe gobara a bango. Tela ya riƙa bin layi da shi yana motsa ƙafar dama a ƙasan tebur, kamar yana taka keke.

Aikin da ke gabanmu na wani ƙaramin asibiti ne: manhajar da za ta riƙa aika wa marasa lafiya saƙon tuni a waya. Ni na rubuta ɓangaren da ke zaɓo mutum daga jeri. Tela ya rubuta wanda ke haɗa saƙo ya aika. Allon bango ya yi mako shida yana kore. Oga har baƙi yake shigowa da su su gani.

Sau ɗaya Anti ta ɗago daga littafin bayaninta.

"Mai Digiri, mutum huɗu su yi mako shida ba wanda ya yi kuskure? Ko liman yana mantuwa."

Na ce wannan shi ake kira inganci.

"Allah ya ƙara inganci," in ji ta.

Ranar Litinin asibitin ya fara amfani da manhajar. Ranar Laraba da hantsi muka ji ana hawo matakala a hankali, ana haki. Wani dattijo ne, zai kai saba'in, waya a hannu, matarsa na biye da shi tana riƙe masa hula. Nas ce ta yi musu kwatance.

"Wane ne babba a nan?"

Oga ya miƙe. "Sannu da zuwa, Baba."

"Riƙe sannunka. Karanta."

Oga ya karanta a fili, don bai san abin da ke ciki ba. "Muna tunatar da ke ranar awon ciki, Alhamis ƙarfe tara. Ki zo da katinki."

"Hawan jini na kai musu," in ji dattijon. "Shekara shida ina kai musu hawan jini. Yanzu sun ba ni ciki."

"Tun jiya nake ce masa ya daina ɗaukar kaya masu nauyi," in ji matar. "Ba ya ji."

"Kin gani? Kun gani? Haka nake fama. Jikokina sun fara zaɓen suna."

Kowa ya sunkuyar da kai yana kokawa da dariya, ban da Anti. Ta cire tabarau.

"Baba, in kai ka samu nata, ita na wa ta samu?"

Dariyar ta mutu. Kafin wani ya amsa, wayar Oga ta yi ƙara. Asibitin ne. Mutum ɗari uku da wani abu, kowa ya samu saƙon wani. An kira mai ciwon ido gashin ƙashi, an kira jariri cire haƙori.

Oga ya ajiye waya. "Wa ke aika saƙo?"

Tela ya ɗaga hannu rabi.

"Ka dubi allon can. Mako shida kore. Aikin kowa lafiya lau, sabon hannu ɗaya ne a ɗakin nan. Ban ƙi ka ba, Tela, amma ɗinki daban, wannan daban. Zuwa Juma'a ka tattara."

Tela ya zare wayar cajarsa ya fara naɗe ta a yatsu, yadda ake naɗe tef ɗin awo. Ni kuwa na gyara zama. Allon nawa ne, kuma yana bayana.

Anti ta miƙe, gwiwa ta yi ƙara.

"Yallaɓai, a ba ni minti goma da izinin ɓarna."

"An hana wannan."

"Wanda ya hana ga shi nan zaune."

Duk aka kalle ni. Na gyaɗa kai, don ina da tabbacin allona.

Ta ɗauko littafin mai jan bango daga aljihun tebur, ta hure ƙurar mako shida. Ta buɗe manhajar, ta goge layi arba'in a tashi ɗaya, ta danna. Kore. Ta goge fayil guda sukutum, ta danna. Kore. Sai ta gyara zama, ta sa yatsu goma irin na 'yan tafireta, ta fara bugawa a tsakiyar manhajar tana faɗa da baki: sabulu, albasa, maganin gwiwa, batirin tocila. Ta danna.

Kore, har yana sheƙi.

Dattijon, wanda aka ba kujera aka manta da shi, ya ce, "Ni ban san aikinku ba, amma na ga albasa ta ci jarrabawa."

Anti ta rufe launin, ta buɗe rahoton da Alƙali ke rubutawa a bayan fage, wanda na ɓoye don ado. Ta gangara layin ƙarshe, ta ƙara girman rubutun yadda na bakin ƙofa zai gani. Gwajin da aka yi: sifili. Wanda ya faɗi: sifili.

"Mai Digiri, da ka yi wa gwaje-gwaje ƙaura zuwa sabon gida, ka faɗa wa Alƙali?"

Ban faɗa masa ba. Mako shida yana zuwa tsohon ɗakin, ya tarar ba kowa, ya dawo ya sanar cewa ba wanda ya faɗi. Kuma a fayil ɗin saitunan da na taho da shi akwai layin da ke cewa in ba a tarar da kowa ba a ce lafiya. Ban taɓa karanta layin ba. Wajen wani ɗan ajinmu na kwafo fayil ɗin.

Ta duba littafinta ta mayar da duk abin da ta goge, ta cire albasa da sabulu, ta gyara layi ɗaya a saitunan. Ta danna. A karon farko Alƙali ya ɗauki lokaci. Sannan bango ya yi ja wur.

Gwaji ɗari biyu da goma sha huɗu. Hamsin da takwas sun faɗi. Oga ya matso yana bin sunaye da yatsa, yana neman na Tela. Ya same su, arba'in da ɗaya, duk sun tsallake. A ɗakin nan shi kaɗai ne ya taɓa ganin nasa suna gudu.

"Tela," in ji Anti, "ajiye wayar nan. Zauna ka nemo mana cikin Baba."

Da kanta za ta iya, cikin minti biyu. Ta ja baya ta harɗe hannu. Tela ya buɗe mai bin sawu, ya sa sunan dattijon, ya fara bi layi-layi, ƙafar dama na takawa a ƙasan tebur. Oga na tsaye a kansa. A layi na goma sha tara na wani ɓangare Tela ya tsaya, ya koma baya, ya sake bi.

"Anti, kwamfuta daga sifili take fara ƙirga, jerin asibitin kuma daga ɗaya. Wajen nan bai lura ba. Kowa aka kira, na kusa da shi ake ɗaukowa." Ya share fuska. "Maɓallin farko ne aka sa a ramin da ba nasa ba. Shi ke nan riga ta karkace har wuya."

"Wa ya ɗinka wajen?" in ji Oga.

Tela ya san amsar, sunan na gabansa. Ya ɗaga kai yana nazarin fanka.

Na ce ni ne.

Oga ya yi tari. Ya dubi allo, ya dubi agogo, ya ce to, kuskure ai na ɗan Adam ne, kowa ya koma bakin aiki.

"Yallaɓai," in ji Anti, "maganar Juma'a fa?"

"Wace Juma'a?"

"Madalla."

Dattijon ya dogara sanda ya miƙe. "To ni yanzu in je awon ko kar in je?"

"Ka je mana," in ji matarsa tana ɗora masa hula, "ko a gano mana abin da ke cikin tumbin nan."

Anti ba ta bar ni na taɓa layin ba sai da Tela ya rubuta gwajin da zai kama kuskuren, muka ga jansa tare. Sannan na gyara, ya koma kore. Daga nan ta ɗauki fulas ɗinta ta tafi asibitin, ta zauna da nas-nas suna kiran mutane ɗaya-ɗaya har aka tashi aiki. Mai cikin ta je awonta ranar Alhamis ƙarfe tara. Wannan ba ya cikin aikin Anti, kuma ba ta faɗa wa kowa ba. Daga bakin nas na ji.

Hukuncina kuwa, ta sa na buga fayil ɗin saitunan a takarda, na riƙa karanta mata layi-layi a lokacin hutun rana ina faɗin amfanin kowanne. Layi sittin da uku ne. Ashirin na sani. Mako uku muka yi, Tela na gefe yana taya ni.

Anti, ke ce kika karanta littattafan da muka ɗora allo a kansu. Ke ce ba kya taɓa kayan aiki sai kin san abin da yake yi in ba a kallonsa. Murucin kan dutse, ba ki fito ba sai da kika shirya. Na ƙirga mutum goma sha ɗaya da suka koyi wannan sana'a a gefen kujerarki mai rawa. Wasu suna manyan wurare yanzu, suna tsayawa gaban taro suna bayanin a fara da gwaji kamar a mafarki aka ba su. Sunanki ba ya jikin manhaja ko ɗaya. Abin da kika hana faruwa ba ya barin alama, shi ya sa ba a gode miki. Wanda saƙonsa ya iso daidai bai san an yi masa komai ba.

Ba ki da sauƙi, kar a yi miki ƙarya don kin yi ritaya. Kin sa ƙarti sun shiga banɗaki sun daɗe. Kin taɓa mayar wa Oga wasiƙarsa da jan biro. Amma ban taɓa ganin kin kunyata wanda ya ce bai sani ba. Wanda ya ce ya sani kike jira.

Juma'ar ƙarshen watan jiya ta ajiye aiki. Oga ya yi jawabi, ya ba ta agogon bango, ya ce ita ce ginshiƙin ofishin, har ya manta shi ya taɓa mayar da ginshiƙin kan rubutun littafin bayani. Ta saurara, ta gode. Ta ɗauki fulas da kofi. A bakin ƙofa ta ce ta yi mantuwa, ta koma teburinta, ta buga wani abu da sauri, ta danna. Bango ya yi ja.

"Sai wata rana," in ji ta.

"Anti! Me kika taɓa?" Oga ya bi ta bakin matakala. "Ina littafin?"

Abin da muka ji kawai shi ne, "Ɗaya. Biyu. Uku."

Tela ya riga ya zauna. Minti goma sha ɗaya ya yi. Alamar tarawa ce ta mayar ragewa, kuma a saman layin ta bar rubutu. Ya karanta shi kaɗai, sannan ya juyo mana da allon: "Tela, in ka iso nan, kujerar taka ce. Littafin yana aljihun tebur na ƙasa. Ƙafar hagu ce ke rawa, ka ninka takardar huɗu."

Mun gode, Anti Fasau. Allah ya ba gwiwa lafiya, ya sa ki huta, in kin iya hutun. Ina tausaya wa duk wani rediyo da ke gidanki.

Ku kuma da kuke koyon wannan sana'a, ko wata, ku ɗauki abin da za ku iya daga gare ta. Ku karanta har layin ƙarshe. Abin da kuka kwafo ku san me ke cikinsa. In aka ce muku komai lafiya, ku tambaya mutum nawa aka duba. In kuma akwai wata dattijuwa a wurin aikinku da ke yin abin da ba ku gani ba a makaranta, ku tambaye ta dalili kafin ku je wajen Oga.

Yanzu ƙarfe bakwai da rabi Tela ke shigowa. Ba ya ƙirga matakala, gwiwarsa lafiya. Yau da safe, ina cire takalmi ke nan, na ga allo kore, na ga jan littafi a buɗe, na ga yana kallona ta saman allonsa.

"Mai Digiri, ranka ya daɗe. Zo ka ga ɗanka."